Minti hamsin a ɗakin Baturiya: wasiƙa daga Bradford

Yaya, bayan gaisuwa da fatan kuna lafiya. Ki gaida Baba da Malam da yara. Kin ce in rubuto miki dalla-dalla abin da na ɓoye miki bara, lokacin da kike ta cewa muryata ta canza a waya. To ga shi, kuma na yarda ki sa inda 'yan uwa za su karanta, don na san ba ni kaɗai ba ce.

Kin san Inna ta rasu da hantsi, kafin la'asar an kai ta makwancinta. Ni kuwa na taso daga aikin dare a gidan tsofaffi, ina kallon makara a fuskar waya. Ku kun yi zaman makoki, tabarmi har ƙofar gida, maƙwabta na shigowa da kwanukan abinci, aka yi sadakar uku aka yi ta bakwai. Ni kwana uku aka ba ni a wurin aiki, na yi su ni da bango. Ga shi watan Disamba ne, rana kan faɗi tun kafin ƙarfe huɗu, sai ka ga la'asar da magariba suna neman haɗuwa. Barci ya ƙaurace mini. Wata biyu ina kwanciya ido biyu.

Abin da ya fara zo mini a rai shi ne kemis. A gida da tuni na aiki yaro ya karɓo mini ƙwayar barci a bakin layi, ba mai tambayar don me. Nan ko kusa. Maganin barci mai ƙarfi sai da takardar likita. Kai, ko farasitamol fakiti biyu kawai kanti zai sayar maka, kowanne ƙwaya 16, kuma tun 1998 suka ƙayyade girman fakitin don rage masu shanye shi da yawa su halaka kansu. Ranar da mai kanti ya hana ni na uku na ji haushi, daga baya da na ji dalili na yi shiru.

Sai na je wurin likitan unguwa, wanda suke kira GP. Na ce barci nake nema. Ya tambaye ni me ya faru a watannin nan, ina buɗe baki sai hawaye. Ya ce akwai magani idan ina so, amma yana ganin in fara gwada na zance. Na ce zance kuma? A raina na ce wannan bawan Allah bai san daga gidan da na fito ba, mu da zance ne abincinmu.

Ashe tsari ne guda a hukumar lafiyarsu ta NHS. A 2008 aka fara shi a faɗin Ingila, a 2023 aka canza masa suna ya koma NHS Talking Therapies. Ba sai likita ya tura ka ba, kai da kanka za ka iya cika takarda a intanet, kuma ba ka biyan ko kwabo. Burin da suka sa wa kansu shi ne mutum uku cikin huɗu su fara ganin mai duba su kafin mako shida. Ni mako biyar na yi. Wanda ba ya son jira sai ya je na kuɗi, a nan wajenmu zama ɗaya kan kai fam hamsin ko sittin, Landan ta fi haka. Ki lissafa, kusan ladan aikina na awa biyar ke nan ina ɗaga tsofaffi ina sauke su, don kawai wani ya saurare ni na ƙasa da awa guda.

Kafin kowane zama akwai takarda mai tambaya tara, kowace ka ba ta maki daga sifili zuwa uku, gwargwadon yadda abin ya dame ka a mako biyun da suka wuce. Barci, cin abinci, gajiya, ganin kanka ba ka da amfani. Iyakar jimillar ita ce 27. Ranar farko na samu 17. Tambaya ta tara kuwa cewa take ko ka taɓa jin gara ka mutu. Na ce a'uzubillahi da ƙarfi har matar da ke duba ni ta ɗago kai. Ba ta yi dariya ba, ba ta kuma janye tambayar ba. Ta ce kowa suke yi wa, kowane mako, kuma ta fi son amsar gaskiya a kan amsar ladabi.

Bari in siffanta miki ɗakin. Kujera biyu, ƙaramin tebur da kwalin tishu a kai, sai agogon da aka kafa inda ita za ta gan shi ba tare da ta juya ba. Matar za ta kai shekara hamsin da wani abu. Ba likita ba ce, ba ta rubuta magani, horo ta samu a kan wannan aiki. Tun ranar farko ta shimfiɗa mini sharuɗɗa kamar mai ba da hayar gida. Minti hamsin ne, ba ƙari. Abin da na faɗa ba zai fita ba, sai fa in ta ga zan cutar da kaina ko wani, ko akwai yaro cikin haɗari. Sannan ta ce in mun haɗu a hanya ba za ta fara gaishe ni ba, don kada wanda nake tare da shi ya tambaye ni ina na san ta. Wannan ya ɗaure mini kai ƙwarai. Mutumin da ya ga hawayenki ya wuce ki a kasuwa kamar bai taɓa ganinki ba?

Sun ce za su iya samo mini tafinta na Hausa. Na ƙi. Mu nawa ne Hausawa a yankin nan? Duk wanda za a kawo, in ban san shi ba na san matarsa, ko mun haɗu a sallar Idi. Gara in yi ta fama da Turancina. Na kuwa sha fama, don na rasa yadda zan fassara mata kara, na rasa yadda zan ce kunya ta gane ba tsoro nake nufi ba.

Abin da ya fi tsaya mini a rai, Yaya, shi ne a zama goma da muka yi matar nan ba ta taɓa ce mini in yi haƙuri ba. Ko sau ɗaya. Kin san mu, ana fara kuka za a ce haba, sai haƙuri, addu'a take buƙata ba hawaye ba. Gaskiya ne, kuma mai faɗa da zuciya ɗaya yake faɗa. Amma da an ce haka zance ya ƙare, sai ka haɗiye sauran. Ita kuwa in na yi shiru sai ta yi shiru, wani lokaci har in ji ƙarar agogo. A cikin irin wannan shirun ne na faɗi abin da ban taɓa faɗa wa kowa ba, har ke: cewa ina ganin ni na kashe Inna, don ta ce kar in tafi na tafi, kuma kuɗin asibitin da aka nema na makara kwana biyu ban turo ba.

Ba ta ce ba haka ba ne. Ta miƙo mini takarda ta ce mu duba maganar kamar alƙali. Mene ne shaida, mene ne akasinta? Shekara nawa Inna ta yi da hawan jini kafin in taso? Da kuɗin wa aka sayi maganin da ta sha shekara biyu? In da ke ce kika zo mini da wannan magana, me zan ce miki? Wannan hanyar sunanta CBT, wani likita Ba'amurke, Aaron Beck, ya shimfiɗa ta a shekarun 1960. Tushenta shi ne abin da kake faɗa wa kanka ke juya yadda kake ji da abin da kake yi. Har aikin gida take ba ni, kamar 'yar firamare: in rubuta tunanin da ya taso mini da dare da lokacin da ya taso. Na ce mata mu muna da suna gare shi, waswasi. Ta rubuta kalmar a littafinta, daga ranar da ita take tambayata.

Ba komai nata na karɓa ba. Akwai ranar da ta ji yawan kuɗin da nake turowa gida, ta fara maganar in sa wa 'yan uwa iyaka in kula da kaina. Na ce mata a wurinmu kai da danginka ba a raba su da wuƙa, kuɗin makarantar 'ya'yan ƙanena ba alfarma nake yi ba. Ta saurara, ta ce ta fahimta ba daidai ba, in ƙara mata bayani. Ban saba jin mai ilimi ya faɗi haka a gaban wanda ya zo neman taimakonsa ba. Sallah ma da farko ba ta san inda za ta ajiye ta ba, daga baya ita ce ta ce tunda asuba na tashe ni, mu gina lokacin barcina a kanta.

Wata nas Bayerabiya da muke aiki tare, 'yar Abeokuta, ta yi mini dariya da na ba ta labari. Ta ce ai tun 1954 Farfesa Adeoye Lambo ya fara ajiye marasa lafiyar ƙwaƙwalwa a ƙauyukan da ke kewaye da asibitin ƙwaƙwalwa na Aro a can Abeokuta, kowa da ɗan uwansa mai jinya, yana kuma aiki da masu maganin gargajiya, har daga baya ya zama mataimakin shugaban Hukumar Lafiya ta Duniya. Ta ce mu muke da mutane, su suke da tsari. Na ce mata mutanen namu ne ai matsalar wani lokaci, don abin da ka faɗa wa goggo da safe kafin azahar ya kai gidan suna. Kuma a Kano in aka ce an kai wane Dawanau, ko a Kaduna a ce Barnawa, ko a Sakkwato a ce Kware, kin san abin da kunne ke ji, har auren ƙannensa sai ya shafa. Tsakanin malam mai ruƙiyya da gadon asibiti ba mu da wannan kujerar ta tsakiya, inda mai hankalinsa garau zai je ya sauke kaya ya koma aikinsa. Na ji a Najeriya an sa hannu a sabuwar dokar lafiyar ƙwaƙwalwa a Janairun 2023, ta maye gurbin tsohuwar ta 1958 mai kiran mutane mahaukata. Allah ya sa a gani a ƙasa.

A zama na goma makina ya sauko 6. Na tafi mata da dambun naman da kika aiko da ɗan turaren wuta, don ban san yadda ake rabuwa da mutum hannu rabbana ba. Ta yi godiya sosai, ta ce ƙa'idar aikinta ba ta bari ta karɓa, amma in kati ne za ta ajiye. Na ji kunya kamar in nutse. Ta san sunan Inna, ta san ranar da na yi faɗa da ke a kan rabon gado, ni kuwa ko tana da aure ban sani ba.

Watan jiya na hango ta a babban kanti tana zaɓen tumatir. Muka haɗa ido, ta ci gaba da abin da take yi kamar yadda ta yi alkawari. Na tsaya jim, sannan na ɗaga mata hannu. Sai ta yi murmushi ta ɗago nata.

Dambun kuwa ni da Bayerabiyar muka cinye shi a aikin dare, har tana tambaya ko akwai saura. In kin samu mai zuwa ki ƙaro, ki sa yaji fiye da na wancan karon. Kuma don Allah ki riƙa zama da Auta, na lura tun arba'in ɗin Inna ba ya dogon zance a waya. In ya fara magana ki bar shi ya kai ƙarshe.