Kwalkwalin Mishigan na 1947 daga hannun wani baduku a Aboabo: ɗinki ya yi, launi da saura

A Aboabo, nan Kumasi, akwai wani baduku da aka fi sani da takalma da jakunkuna da kuben wuƙa, wanda yanzu yake karɓar aikin kwalkwalin fata irin na 'yan ƙwallon Amurka na da, ƙwallon nan da ake runguma a ruga da ita. Masu gidajen kallo da masu shagunan kayan wasanni ne suka fi saye don ado. Wanda aka fi nema shi ne na Jami'ar Mishigan na kakar 1947, mai fiffike a goshi. Guda uku muka duba daga cikin aikinsa.

Ba banza ake neman na wannan shekara ba. Mishigan ta buga wasa 10 ta cinye duka, ta tara maki 394, aka ci ta 53 kacal. Minesota da Ilinoi ne kawai suka ba ta wahala, 13 da 6, sai 14 da 7. Ranar 1 ga Janairun 1948 ta lallasa Jami'ar Kudancin Kalifoniya 49 da nema a wasan Rose Bowl, babban wasan jami'o'i na ƙarshen kaka. Duk da haka ƙuri'ar 'yan jarida ta kamfanin dillancin labarai na AP ta riga ta ba Jami'ar Notre Dame kambun ƙasa, sai bayan wannan wasa aka sake wata ƙuri'a ta musamman, Mishigan ta zo ta ɗaya, kuma har yau magoya bayan ɓangarorin biyu ba su daina musu ba. Kakar ce ta ƙarshe ga kocin Mishigan, Fritz Crisler, mutumin da ya raba 'yan wasansa gida biyu, masu kai hari daban, masu tsaron gida daban, a lokacin da aka saba mutum ɗaya ya yi duka. Shi ne kuma ya zo da zanen fiffiken daga Jami'ar Princeton a 1938.

Inda badukun ya burge mu shi ne ya gane cewa fiffiken ba zane ba ne kawai. A kwalkwalin asali, fata ce daban da aka yanka aka ɗinka a goshi don ƙarin ƙarfi, da maɗauri uku da suka taso daga goshi suka bi ta tsakar kai zuwa ƙeya. Launi daga baya ya hau. Masu kwaikwayo da yawa sukan ɗinka hula lami su shafa fenti, shi kuwa yanka yake yi ya ɗora. Jikin ƙirgi ne mai kaurin milimita 3 zuwa 4, yana jiƙa shi ya ɗame a kan kututturen da ya sassaƙa da siffar kai, ya bar shi ya bushe a inuwa. Ɗinkin na hannu ne, da basilla da zare mai kakin zuma, layi biyu a gefen fiffiken. Mun ja da ƙarfi, ko gezau. Murfin kunnuwa da hujinsu sun zauna daidai, kuma bai sa ƙarfen kare fuska ba, wanda shi ne daidai da zamanin su Bob Chappuis da Bump Elliott, fitattun 'yan wasan Mishigan na wannan kaka.

Launi ne matsalar. Na Mishigan shuɗi ne mai duhu sosai da rawaya irin ta ƙwayar masara. Biyu daga cikin ukun sun fito da shuɗi mai haske, rawayar kuma ta karkata zuwa ruwan lemo. Dalilin a fili yake: fatar da aka jeme da bagaruwa ja-ja take, in aka shafa rawaya kai tsaye sai jan ya taso ta ƙasa. Sai an fara shimfiɗa fari, ya bushe, sannan rawaya shafi biyu marasa kauri. A ɗaya kuma fentin mai na gini aka sa, ya riga ya fara tsagewa a inda fatar ke lanƙwasawa. Ka sayi fentin fata da kanka ka kai masa, tare da hoto mai launi da aka buga a takarda, don hoton waya yana sauyawa da hasken allo.

Cikin ma akwai gyara. Soson katifa yake liƙawa da gam, alhali na da auduga ce ko tabarmar ulu a ƙarƙashin fata mai laushi. Soso yana riƙe danshi, kuma a daminar Kumasi wata guda ya isa fumfuna ta kama. In ka ce masa auduga kake so zai yi, da ɗan ƙarin kuɗi.

Wajen awo, a zagaya tef a saman gira da kunnuwa, a ƙara santimita 2 saboda cikon ciki da ƙanƙancewar fata in ta bushe. Yana karɓar rabin kuɗi kafin alƙalami, yakan ce mako biyu, amma ka sa rai da uku in hadari ya yi yawa, kuma kada ka matsa masa ya shanya a rana, fatar za ta ƙandare ta karkace. Malam mutum ne mai sauraro, in ka nuna masa kuskure ba ya gardama.

Da hunturu a shafa man kaɗanya kaɗan a inda babu fenti, a cusa tsumma ko jarida a ciki don kada ya lotsa. Kwalkwalin nan na ajiya ne a kanta: kada a shiga fili da shi, kada kuma a hau babur da shi a madadin hular kwano, don ba ya tare komai in kai ya bugi kwalta.