Crip Camp: Fim ɗin da naƙasassu suka ba da labarinsu da bakinsu

Cikin fina-finan gaskiya da Netflix ta fitar a 2020, babu wanda ya kai Crip Camp nuna yadda kyamara ke zama makamin neman haƙƙi, domin a nan masu buƙata ta musamman ne da kansu ke riƙe da akalar labarin. James LeBrecht, wanda ke tafiya a keken guragu, shi da Nicole Newnham ne suka ba da umarni, kamfanin Higher Ground na Barack da Michelle Obama ya tsaya masa, ya kuma shiga takarar Oscar a 2021.

Armashin fim ɗin yana rabinsa na farko, inda aka yi amfani da hotunan da aka ɗauka a 1971 a sansanin hutu na matasa naƙasassu mai suna Jened da ke jihar New York. Ana ganin matasa suna wasan ƙwallo, suna soyayya, suna gardama kan abincin da za a dafa, suna kuma kukan yadda iyaye ke hana su sakewa saboda tsananin kulawa. Akwai wurin da wata yarinya mai wahalar furuci take magana, kyamarar ta tsaya a kanta har ta gama, abokanta suka saurara, ɗayansu ya fayyace abin da take nufi. Wannan haƙurin sauraro shi ne abin da fina-finan neman tausayi ba su da shi, kuma shi ya sa mai kallo ke yarda da waɗannan matasa tun kafin su fara fafutuka.

Daga nan labarin ya bi Judy Heumann, ɗaya daga cikin masu kula da matasan sansanin, wadda shan-inna ta kama tun tana ƙarama, zuwa zaman dirshan na 1977 a wani ginin gwamnatin tarayya a San Francisco, inda masu zanga-zanga suka shafe kusan makonni huɗu suna neman a aiwatar da Sashe na 504 na wata dokar 1973, wanda ya haramta nuna wa naƙasassu wariya a shirye-shiryen da gwamnatin tarayya ke ba kuɗi. 'Yan ƙungiyar Black Panther, mai fafutukar haƙƙin baƙaƙen fata, suna kai musu abinci, kurame kuma suna isar da saƙo ta taga da maganar hannu bayan an katse wayoyi, har sakataren lafiya Joseph Califano ya sa hannu a kan ƙa'idojin aiwatar da sashen a ranar 28 ga Afrilu.

Inda ya gaza, a ganina, shi ne gaggawar da ya yi daga nan zuwa dokar naƙasassu ta Amurka ta 1990, sannan baƙaƙen fata da masu larurar fahimta ba su samu filin da ya dace da su ba. Ta fuskar sauƙin kallo kuwa an kyauta, domin akwai rubutaccen zance ga kurame da bayanin murya ga makafi. Sai dai iyaye su sani cewa ana maganar jima'i a cikinsa ba tare da sakaya ba, saboda haka bai dace da ƙananan yara ba.