Garin Tom Brown na leda a Bauchi: yaron da yake wa amfani da yaron da ya fi ƙarfinsa

Garin Tom Brown, wato garin kunun yara da ake haɗawa da hatsi da waken suya da gyaɗa, ba baƙo ba ne a Bauchi. Ana samunsa ƙulle a leda, rabin kilo ko kilo guda, a shagunan kayan yara da wajen matan da ke haɗawa a gida, wani kuma ƙungiyoyin mata ne ke yi su sayar. Maganarsa ta ƙara ƙarfi ne bayan abin da ya faru a 2025. Ranar 20 ga Janairu gwamnatin Amurka ta dakatar da tallafin da take bai wa ƙasashen waje, zuwa farkon Yuli kuma aka rufe hukumar USAID. Wannan hukuma na cikin manyan masu biyan kuɗin abincin nan na sacet da asibiti ke bai wa yara masu tamowa, wato RUTF. Da hankali ya tashi a kan ƙarancinsa, sai wasu masu sayar da gari suka samu ta cewa: ga namu na gida, ba sai mun jira na Turawa ba. Akwai gaskiya a maganar, amma idan aka ɗauke ta ɗungurungum ana iya rasa yaro.

Haɗin da ma'aikatan lafiya ke koyarwa sananne ne: awo shida na hatsi, uku na waken suya, ɗaya na gyaɗa. Hatsin yakan zama gero ko dawa ko masara, ko a gauraya su, kuma kowane ma'auni aka ɗauka, mudu ne ko gwangwani, da shi za a auna duka. Ƙungiyar agaji ta CRS ta yaɗa wannan haɗi sosai a Arewa maso Gabas ta hannun iyaye mata. Idan an bi awon, giram 100 na garin na ba da ƙarfin abinci kusan kalori 400, kuma sinadarin gina jikin da ke ciki ya kusa ninka na gero zalla. Babu abu ɗaya a cikinsa da ba a nomawa a jihar nan ko ba a samu a kasuwannin Muda Lawal da Wunti. Nan ne darajarsa take, domin babu wata gwamnatin waje da za ta sa hannu a takarda ya ɓace daga kasuwa.

Sai dai leda ba ta nuna awo. Waken suya da gyaɗa sun fi masara tsada, don haka mai son riba da yawa nan yake ragewa. Garin da aka cika wa masara fari ne fat, ba shi da maiƙo, idan an dunƙula shi a hannu an saki sai ya warwatse. Na kirki launinsa ruwan ƙasa ne mai haske, yana ƙamshin soyayyar gyaɗa, yana ɗan riƙe dunƙule. Akwai kuma wanda ake zuba wa sukari da madarar gari ta awo don ya yi daɗi a baki. Wannan ya fi saurin ƙarewa a shago, amma shi ne ba mu ba da shawarar saye ba: yaron da bai kai shekara biyu ba ba ya bukatar ƙarin sukari, kuma yawancin madarar awon nan an cire mata mai na asali an sa na itace. Mai saye na biyan kuɗin abinci mai gina jiki, ana ba shi zaƙi.

Inda aikin ya fi lalacewa shi ne wajen waken suya. Ɗanyen waken suya na ɗauke da wani sinadari da ke hana ciki narkar da abinci mai gina jiki, kuma zafi ne ke kashe shi. Dole a tsince shi, a jiƙa shi ya kwana ko a tafasa, a murje ɓawon a zubar, a shanya ya bushe ƙarau, sannan a soya a wuta marar ƙarfi ana juyawa har cikin ƙwayar ya sauya launi. Mai gaggawa yakan zuba shi a kasko mai zafi, baya ya ƙone ciki ɗanye. Irin wannan garin yana da gafi da ƙauri a lokaci guda, kuma shi ne ke sa uwa ta dawo tana cewa ya kumbura wa yaronta ciki ko ya sa shi zawo. Wasu daga matan da suka daina ba da Tom Brown, wake marar gasuwa ne ya kore su. Kafin a sayi da yawa, a ɗanɗana ɗan kaɗan a busashe: idan gafi ya tsaya a harshe, a bar shi.

Gyaɗa kuwa matsalarta ta fi wannan girma, don ba a ganinta. Gyaɗar da ta sha danshi a gona ko a ajiya tana yin fumfuna mai fitar da dafin da ake kira afalatoksin. Suya ba ta kashe shi, tafasa ba ta kashe shi. Yana taruwa ya illata hanta, kuma ana danganta shi da tsumburewar yara, wato abin da ake neman magancewa shi ake ƙarawa. Masara ma tana kamuwa. Mai haɗa gari na kirki yakan zauna ya tsince gyaɗarsa ɗaya bayan ɗaya, ya fitar da wadda ta yanƙwane, da mai baƙi ko kore, da wadda ƙwaro ya huda, da mai ɗaci. Wanda ke sayen ragowar gyaɗar ƙasan buhu don ta fi araha, da zarar ta shiga inji babu mai ganewa. Shi ya sa a wannan kaya sanin mai yi ya fi kyan leda muhimmanci. A tambaye ta: Hajiya, a ina kike sayen gyaɗarki, kuma kina tsincewa? Wadda ke yi ba ta jin haushin tambayar, har takan nuna abin da ta fitar.

Niƙa ma akwai abin lura. Injin unguwa da ya gama markaɗen tattasai ko jiƙaƙƙen wake, idan aka zuba masa busasshen haɗi, danshi da yaji sun shiga. Ana so a niƙa a injin gari, a fara wanke shi da ɗan hatsi a ware na farkon, a baza garin ya huce kafin a ƙulle, a tankaɗe da rariya mai laushi saboda ɗan wata shida ba ya iya haɗiye tsaki. Garin da aka ƙulle da ɗuminsa yana yin gumi a cikin leda ya dunƙule.

A ɓangaren ƙulli, yawancin abin da ke kasuwa bai kai yadda ake so ba. Leda ce fara shara-shara, sau da yawa ba ranar da aka yi, ba ranar lalacewa, ba lambar NAFDAC, ba bayanin yadda za a dama. Gari ne mai mai a jikinsa, kuma zafin Maris da Afrilu a Bauchi ba ya ɗaga wa mai ƙafa, balle a ce ledar na rataye a rana a bakin shago. Idan ya fara maƙaƙi a maƙogwaro ya tashi daga aiki. A sayi wanda zai ƙare cikin mako uku zuwa huɗu, a juye shi a roba mai murfi, a riƙa ɗiba da busasshen cokali.

Ko garin ya cika kowane sharaɗi, a tukunya ake yawan zubar da amfaninsa. Yaro mai shan nono ɗan wata 6 zuwa 8 yana bukatar kusan kalori 200 a rana daga abinci, ɗan wata 9 zuwa 11 kusan 300, daga shekara ɗaya zuwa biyu kuma kusan 550. Kalori 200 daidai yake da giram 50 na gari, kusan babban cokali huɗu a cike. Ke nan ledar rabin kilo abincin kwana goma ce ga ƙaramin cikinsu. A gidaje da yawa ana jan ta wata guda, saboda ana dama kunu tsararo a ɗura a kofi ko bulumboti. Cikin yaro ƙarami ne, abin da yake ɗauka a zama ɗaya bai wuce kofi guda ba, idan ruwa ya cika shi an gama. Kunun da ake so shi ne mai kaurin da idan an karkata cokali ba ya zuba sai a hankali. A kwaɓa garin da ruwan sanyi, a zuba a tafasasshen ruwa, a bar shi a wuta yana dahuwa ana juyawa na wasu mintuna. Zuba ruwan zafi a kai irin na koko bai isa ba. A sauke a sa ƙaramin cokali ɗaya na man gyaɗa ko manja. Manja ya fi, saboda sinadarin bitamin A.

Idan yaro ya ƙi mai kauri, akwai dabarar da masu kunun zaƙi suka daɗe da sani. Ɗan garin tsiron dawa, kamar rabin ƙaramin cokali, idan aka zuba a kunu mai kauri bayan ya ɗan huce, yana tsinka shi ba tare da an ƙara ruwa ba. Sai a mayar wuta ya sake tafasa kafin a ba yaro. Kunun ya yi ruwa yadda yaro zai sha, ƙarfinsa na nan. Abin da aka dama kuma a shanye shi cikin awa biyu. Wanda ya wuni a kwano ana ɗiba shi ke kawo gudawa.

Akwai abin da garin ba shi da shi ko an yi shi daidai. Ba madara ta gaske a ciki, ba a ƙara masa sinadaran ƙarin jini da na bitamin ba, kuma hatsi da wake suna da wani abu da ke riƙe sinadarin ƙarin jini ya hana jiki ɗauka. Don haka sai an tallafa masa da ƙwai, dakakken busasshen kifi, hanta idan ta samu, garin zogale, da ɗan lemo ko gwanda. Idan asibiti ta ba da hodar nan ta sinadaran bitamin da ƙarin jini da ke zuwa a ƙaramin sacet mai giram ɗaya, a barbaɗa a ɗan abin da yaro zai cinye bayan ya huce. Ba a sa zuma kafin shekara ɗaya, kuma ba a ba jaririn da bai kai wata shida ba komai sai nono.

Yanzu a ajiye shi kusa da RUTF. Sacet ɗaya giram 92 ne, kalori 500, an haɗa shi da gyaɗa, madara, mai, sukari da cikakkun sinadarai, ba a dafawa, ba a sa ruwa, yana kai shekara biyu bai lalace ba. Katan ɗaya sacet 150 ne, kusan abin da yaro ɗaya ke bukata a mako shida zuwa takwas. Kafin a samu kalori 500 daga Tom Brown sai an dama giram 125, wato kunu wajen kofi uku, a ba yaron da ko cokali biyar da ƙyar yake karɓa. Ba za su yi aiki ɗaya ba.

Tef ɗin awon dantse shi ke raba gardama ga yaro ɗan wata 6 zuwa 59. Kore, daga santimita 12.5 zuwa sama: Tom Brown abinci ne mai kyau na kariya. Rawaya, daga 11.5 zuwa ƙasa da 12.5: nan ne ya fi nuna kansa, idan ana bayarwa kullum mako bayan mako ana kuma awo a asibiti. Ja, ƙasa da 11.5, ko kuma aka danna bayan ƙafafu biyu na daƙiƙa uku gurbin yatsa ya zauna: wannan yaron na asibiti ne a ranar, domin ban da RUTF ana haɗa masa da maganin kashe ƙwayoyin cuta. Idan ya ƙi cin komai, ko yana amai, ko jiki ya saki, kwantar da shi ake yi a fara da madarar F-75, wadda da gangan aka rage wa sinadarin gina jiki saboda jikinsa ba zai iya ɗauka ba. A Kafin Madaki ta ƙaramar hukumar Ganjuwa, likitocin ƙungiyar agaji ta MSF na kula da irin waɗannan yara. Duk mai shagon da ya ce wa uwar yaro mai kumburi ta sayi leda biyu ta gwada tukuna, ya ɗauki alhakin da ba zai iya saukewa ba.

To ina dogaro da kai ga yaron da ya shiga ja? Yana aljihun gwamnati. Ana yin RUTF a Najeriya, akwai masana'antu a Legas da Kano, abin da ake nema shi ne mai saye da kuɗin gida a kan kari. UNICEF na da asusun da idan jiha ta zuba kuɗi don sayen kayan abincin yara ake ƙara mata daidai abin da ta zuba. Tun 2001 shugabannin Afirka suka yi alkawari a Abuja cewa za su ware kashi 15 cikin 100 na kasafi ga lafiya, amma rubutawa a kasafi daban, sakin kuɗin kafin damina daban. Manomi ma na da rabonsa, don masana'antar RUTF ba ta karɓar gyaɗa mai dafi. Maganin Aflasafe mai rage wannan dafi tun a gona, wanda cibiyar binciken noma ta IITA da ke Ibadan ta samar, kilo 10 a hekta mako biyu zuwa uku kafin fure, tare da shanya a kan tamfol maimakon ƙasa, su ne za su sa gyaɗarmu ta shiga can, ta kuma gyara garin da ke leda.

Hukuncinmu a kan garin: ya cancanci kuɗinsa idan an san hannun da ya yi shi, ba sukari, ba gafi, kuma sabo ne. Ga gida mai yara biyu ko uku ƙanana, haɗawa da kai ya fi sauƙi nesa ba kusa ba, musamman idan mata biyar ko shida suka haɗa kuɗi suka yi niƙa ɗaya. Tamowa ta fi tsananta daga Yuni zuwa Satumba, lokacin da rumbu ya yi ƙasa, hatsi ya yi tsada, zazzaɓin cizon sauro da gudawa suka yawaita. Saboda haka a sayi gero da waken suya da kaka, a adana su ƙwaya a buhun PICS mai leda biyu a ciki, gyaɗa kuma a bar ta da ɓawonta a wuri busasshe sama da ƙasa, a riƙa soyawa ana niƙa na wata ɗaya-ɗaya.