Ɗaya zaurance, ɗaya habaici

Ƙanena, na ga tambayarka tun shekaranjiya, hidimar biki ce ta hana ni zama. Ka ce a fadarku ta Sabon Gari an yi gardama har shayi ya huce. Wasu sun ce in ana maganar fim mai ɓoyayyen saƙo babu kamar The Imitation Game, wani dattijo kuma ya ce muku duk wasan yara ne muddin ba ku ga Xala na Usman Sembene ba. Kana so ka san wanne ya fi, kuma da wanne za ka fara. Na kalli duka biyun, Xala ma ya fi sau huɗu.

Gardamar ta yi tsawo ne don kun zuba abu biyu a ƙwarya ɗaya. Ka tuna zaurancen ƴan mata a dandali, inda "zo mu tafi" ke komawa "zodo mudu tadafidi". Wanda bai san dokar ba sai ya yi ta zare ido, amma ran da aka raɗa masa ita a kunne, an gama, ba za a sake sayar da shi yana tsaye ba. Habaici kuwa dabam ne. Mace tana daka tana waƙa, kowace kalma Hausa ce tsantsa, yaro ma ya ji, amma sai wanda ya san zaman gidan zai gane inda kibiyar ta nufa. Kishiyar da ake yi da ita ba ta da bakin kai ƙara, domin in ta tanka ta amsa laifi ke nan. Fim ɗinku na farko labarin zaurance ne. Na biyun shi kansa habaici ne.

The Imitation Game ya fito a 2014, yana ba da labarin Alan Turing, masanin lissafi ɗan Ingila. A Yaƙin Duniya na Biyu sojojin Jamus ta iska suke aika umarni, duk mai rediyo na iya kamawa, sai dai abin da zai kama tarkacen haruffa ne. Na'urar da ke dagula su, Enigma, kamar keken rubutu take a cikin akwatin katako. Ka danna harafi, fitila ta kama a kan wani harafi dabam. A cikinta akwai faifai uku masu juyawa, kowace dannawa sai ɗaya ya gusa, don haka A ta yanzu da A ta gaba ba hanya ɗaya za su bi ba. A gabanta kuma ga wayoyi masu musanya haruffa biyu-biyu har kashi goma. In aka haɗa lissafin, hanyoyin saita ta sun kai 159 da sifili 18 a bayansa, kuma kowace rana da sabon saiti.

Abin da ya karya ta ƙarami ne ƙwarai. Harafi ba ya taɓa fitowa a matsayin kansa, A ba ta zama A. Ga kuma sabo: kullum da safe sai an aiko rahoton yanayi da kusan kalmomi iri ɗaya. To in ka yi hasashen cewa wata kalma tana cikin saƙon, sai ka riƙa jan ta a ƙarƙashin tarkacen haruffan, duk inda harafi ya yi karo da ɗan'uwansa ka san ba nan take ba. Ragowar wuraren sai a miƙa wa babbar na'urar da Turing ya tsara ta yi ta gwadawa. Wannan ɓangare na fim ɗin yana da daɗi, zuciya na bugawa, agogo na tafiya.

Sai dai kada ka ɗauke shi littafin tarihi. Ƴan Folan ne suka fara fasa Enigma, Marian Rejewski tun 1932, kuma a Yulin 1939 suka miƙa wa Ingila da Faransa abin da suka gano. Fim ɗin ya wuce su da gudu. Na'urar Turing sunanta Bombe, sunan Christopher masu fim ne suka raɗa mata. A Bletchley Park, cibiyar fasa saƙonnin sirri ta Ingila, dubban mutane ne suka yi aikin, mafi yawansu mata, amma an nuna maka kamar mutum biyar ne a ɗaki ɗaya, har su ne ke yanke shawarar jirgin ruwan da za a ceta da wanda za a bari, alhali wannan hukunci na manya ne can sama. Ƙarshen Turing dai gaskiya ne: a 1952 kotu ta hukunta shi a ƙarƙashin dokar da ta haramta luwaɗi a Ingila a lokacin, ya mutu a 1954, aka yi masa afuwar sarauniya a 2013.

Xala kuwa na 1975 ne, daga Senegal, da Wolof da Faransanci. Harafin X a Wolof kamar "kh" na Larabci ake furta shi, kusan "hala". Ma'anarsa abin nan da muke cewa an ɗaure namiji. Alhaji Abdu Kader Beye, babban ɗan kasuwa a Dakar, ya ƙara mata ta uku, yarinya sa'ar ƴarsa, aka yi bikin da ya girgiza gari, daren farko ya kasa. Ranar da na fara kallonsa ina saurayi, dariya kawai na sha, na tashi ina cewa Alhaji ya ga ta kansa. Ban ga komai ba a ranar.

Duba yadda ya buɗe. Ƴan ƙasa da riguna na gida sun shiga majalisar ƴan kasuwa, sun kori Turawa, sun fitar da gunkin matar nan da Faransa ke wakiltar jamhuriyarta da shi sun ajiye a bakin ƙofa, waje ana kiɗa ana guɗa. Kafin ka kifta ido sun sauya zuwa kwat da nakatai, Turawan da aka kora sun dawo ta ƙofar da suka fita, kowa an ajiye masa ƴar akwati a gabansa. Suka buɗa, kuɗi ne danƙare, suka rufe, kowa ya yi murmushi. Ba a ambaci sunan Sengor, shugaban Senegal na lokacin, ba, ba a ce ga gwamnati ba, majalisar ƴan kasuwa ce kawai. Amma duk ɗan Senegal da ya zauna a sinima a shekarar ya san ranar samun ƴancin kai ta 1960 ake nuna masa.

Daga nan komai na fim ɗin yana da ciki. Alhaji ba ya shan ruwa sai Evian da ake kawowa daga Faransa, har motarsa Marsandi da shi ake wanke ta. Ƴarsa Rama ta zo ofis, ya tsiyaya mata, ta ƙi sha. Yana yi mata Faransanci tana mayar masa da Wolof. Daren biki an ce ya zauna a kan turmi don kariya, ya ce shi ya waye, ya fi ƙarfin camfi, amma da abu ya kama shi sai ga shi ƙauye-ƙauye wajen malamai da bokaye. Wanda ya warkar da shi ma cak Alhaji ya ba shi, cak ɗin ya dawo babu kuɗi, ciwon ya dawo inda yake. Da abokansa suka kore shi daga majalisa, wa ya gaji kujerarsa da ƴar akwatinsa? Ɗan sane, wanda muka gani da idonmu ya zare kuɗin wani baƙauye a cikin taro ya je ya ɗinka kwat.

Wurin da ya fi taɓa ni shi ne shinkafa. Kuɗin bikin nan daga shinkafar da aka ware wa talakawa Alhaji ya karkatar da su. Mu nan ba sai an yi mana fassara ba. Farin da ya cinye Sahel daga ƙarshen shekarun 1960 zuwa 1974 iyayenmu sun gan shi, kuma da Seini Kunce ya kifar da shugaban Nijar Diori Hamani a Afrilun 1974, batun abincin agaji na cikin manyan dalilan da sojoji suka bayar. Fim ɗin Dakar ne, amma a Damagaram ma yana da masauki. Haka mabaratan da Alhaji ya sa ƴan sanda suka kwashe daga ƙofar shagonsa aka zubar bayan gari. Wanda ya san yadda aka yi Kara-Kara ta zama unguwar kutare da waɗanda gari ya ture, ko ya ga fim ɗin Aisha Maki na 2021 mai sunan garinmu, Zinder, ba zai kalli wannan wuri da ido ɗaya da Bature ba.

To yanzu jera su kusa da juna. A fim ɗin Turing, saƙon daga maƙiyi ake ɓoye shi, kai mai kallo kana gefen masu fasawa, kuma ba a bar maka aikin komai ba, su za su fasa su karanta maka. A Xala daga mai mulki ake ɓoyewa, ko in ce ana faɗa a gabansa ta yadda ba zai iya kamawa ba, kuma aikin fasawa naka ne. Mabuɗin Enigma lissafi ne, wanda ya same shi ko daga Sin yake zai karanta. Mabuɗin Xala sanin ƙasa ne, kuma ba a gama samunsa rana ɗaya. Shi ya sa na farkon, da na sake kallonsa, na riga na san inda za a yi ihun murna, na ji kamar kacici-kacicin da aka riga aka ba ni gari. Xala kuwa a kallo na uku ne ma na lura da Baturen nan mai ba da shawara, wanda kusan ba ya magana amma ba ya barin bayan shugaban majalisa.

Akwai kuma shaidar da ba ta ƙarya, wato abin da hukuma ta yi. The Imitation Game lambar Oscar ya samu ta rubutun labari, ba wanda ya tsargu, domin sirrin Bletchley tun 1974 aka bayyana shi ga duniya. Xala kuwa sai da aka yanke masa wurare kusan goma kafin a bari a nuna shi a Senegal. Mai kaza a aljihu ba ya jimirin as. Fim ɗin Sembene na gaba, Ceddo na 1977, hana shi aka yi gaba ɗaya, dalilin da aka bayar wai an rubuta sunan da "d" biyu maimakon ɗaya. Ka ga hukuma ma ta iya nata habaicin.

Kada ka zaci sai an je Dakar. Mustafa Alhasan namu na Nijar ya yi Bon voyage Sim a 1966, zane mai motsi na ƴan mintoci, inda shugaban jamhuriyar kwaɗi ya tafi ziyarar aiki maƙwabciyar ƙasa, da faretin soja da jirgin sama da duk wani tsarabe-tsaraben girma. Kwaɗi ne fa, wa zai kama mutum don ya zana kwaɗo? A shekarar ne aka kifar da Nkrumah na Ghana yana kan hanyar tafiya waje. Mu da muka tashi muna jin labarin wasan kara, inda talaka ke shiga rigar mai mulki ya kwaikwayi tafiyarsa a gaban jama'a, wannan salo ba baƙonmu ba ne.

Abu ɗaya zan ja maka kunne a kai, don na san zai taso a fada. Akwai masu tsayar da fim su ɗauki hoto, su zagaye wani dala-dala ko ido ɗaya da jan layi, su ce ga saƙon ƙungiyar asiri. Wannan ba ya cikin ko ɗaya daga biyun nan. Tushen tsoron ma rubabbe ne: a 1957 wani ɗan talla a Amurka, James Vicary, ya ce ya riƙa walƙa kalmomi a allon sinima da saurin da ido ba ya gani, ciniki ya ƙaru, amma a 1962 ya amsa da bakinsa cewa ba shi da wata hujja ta kirki. Ni ma'aunina shi ne, alama ta gaskiya tana dawowa, kuma tana da aiki a cikin labari. Kwalbar Evian ta fito, ta sake fitowa, har aka samu wadda ta ƙi sha. In ka cire ta fim ɗin ya rage. Dala-dalan da ke jikin labule kuwa, ka cire shi ba abin da ya motsa.

Da wanne za ka fara? Ku fara da na Turing a fada, ya fi saurin kama mutane, kuma ba ya neman haƙuri. Dattijonku dai ya fi ku gaskiya a kan wanda ya fi nauyi, sai dai Xala yana tafiya a hankali irin na fina-finan da, ga wurin biki mai tsawo da zai sa wasu su koma kan waya. Ka nemi wanda aka bar muryoyinsa na asali da rubutun fassara a ƙasa. In aka ɗora masa murya ɗaya irin ta fassarar fina-finan Indiya, rabin maganar ta tafi, domin ba za ka ƙara sanin wa ke Wolof wa ke Faransanci ba. Kuma kada ka kunna shi gaban yara ko surukai. A ƙarshe mabaratan nan sun cika falon Alhaji, jagoransu ɗan'uwansa ne da ya cinye wa gado, suka ce in yana son warkewa ya tuɓe riga su tofa masa yawu ɗaya bayan ɗaya. Hoton yana tsayawa cak, amma ƙarar tofin ba ta tsayawa.