Akwatin Blu-ray na Female Prisoner Scorpion daga Arrow: wasan Meiko Kaji ya cika, launi ne ya gaza

A 1971 kamfanin finafinai na Japan, Nikkatsu, ya koma yin finafinan batsa domin ya tsira daga karayar kasuwa. Meiko Kaji, 'yar wasan da ke aiki da shi, ta ƙi bin wannan layi, ta koma kamfanin Toei. Can ta fito a matsayin Nami Matsushima, fursunar da ake kira Sasori, wato kunama, a finafinai 4 tsakanin 1972 da 1973. Su ne kamfanin Arrow Video ya tattara a akwatin faifan Blu-ray ɗaya a 2016. Shunya Ito ya ba da umarnin ukun farko, Yasuharu Hasebe na huɗu.

Tun farko a sani: na manya ne. Akwai tsiraici da fyaɗe da azabtarwa, ba abin kunnawa a falo ba ne.

Abin da ya sa akwatin ya cancanci kuɗinsa shi ne fuskar Kaji. A fim na biyu da ƙyar za ka ji ta furta magana, duk wasan a ido yake, ta kafe gandiroba da kallo har sai ya rasa inda zai sa kansa. Gyaran hoton da aka yi a matakin ƙyalli na 2K ya fito da wannan. Sautin mono ne amma tsaf, kuma waƙar da ta rera da kanta tana fita garau.

Matsalar launi ce, kuma ba ƙarama ba. Toei bai ba da negatif ba, wato ainihin fim ɗin da kyamara ta ɗauka, kwafin 35mm mai raunin haske ya bayar. Sakamakon haka hoton ya rinjaya zuwa shuɗi-shuɗi, fatar mutane ta yi fari fat, baƙi ya dunƙule ya haɗiye bango. Ito mutum ne mai wasa da fitilu kamar a dandalin wasan kwaikwayo, don haka asarar ta fi ciwo a nasa ukun. Sa talabijin a yanayin "Cinema" da ɗumama launi yana ragewa, amma ba ya warkarwa.

Cikin ƙarin kayan, bayanin mai sharhin finafinai Tom Mes kan rayuwar Kaji a fim ya fi amfani. Fassarar ƙasan allo Turanci ce kawai.

Kafin saye a duba lambar yanki, wadda ke nuna injinan da faifan zai yi aiki a kansu: Afirka da Turai duk yankin B ne a Blu-ray, saboda haka bugun Ingila ne ya fi aminci.