Acari ko Acarina: Wanne Za Ka Rubuta?

Ɗalibai sun yi ta tambaya a kan sunayen nan biyu. Rukuni ɗaya suke nufi: kaska da ƙananan 'yan uwanta masu ƙafa takwas, har da mai haƙa fata ta jawo ƙazwa.

Acarina ya cika tsofaffin littattafai, amma yayinsa ya ja baya. Acari kuwa, wanda masanin dabbobi ɗan Birtaniya William Leach ya raɗa a 1817, shi masana suka fi riƙewa yanzu, kuma ya fi saurin kai ka ga sabon bincike a intanet. Shi ma dai bai tsira daga muhawara ba, domin wasu masana na ganin rukunin ba tsatsonsa ɗaya ba.

Mai sabon rubutu, Acari ya fi masa. Mai tonon tsofaffin takardu kuwa, sai ya nemi Acarina.