Asfaragas a bayan gida: iri ko saiwa?

Hajiya, kin tambaya da me za ki kafa asfaragas, wato kayan lambun nan da ake cin tohonsa. Tsakanin irin da kika gani a fakiti da saiwar da aka yi miki talla, ki ɗauki iri. Ni da iri na kafa nawa a bayan gidanmu a Zariya, kuma har yau shi muke yanka.

Na san duk inda kika leƙa a intanet cewa za a yi saiwa ta fi, tana rage wa mutum jiran shekara guda. Gaskiya ne ga wanda ke Ingila ko Amurka, inda ake tono saiwa 'yar shekara ɗaya a kawo masa da ɗanyenta ya binne. Mu nan sai ta kwana da kwanaki a kwali, ta sha zafin hanya, ga shi shigo da tsiro mai rai sai da izinin NAQS, hukumar da ke tantance tsirrai da dabbobin da ake shigowa da su Najeriya. Na taɓa saye, ta zo min a yamushe, mafi yawanta ko toho ba su yi ba. Abin da zan yaba mata ɗaya ne: in kin samu ɗanya daga hannun wanda kika ga fangalinsa da idonki, za ki riga mai iri ci.

Shi iri haƙuri kawai yake so. Ki jiƙa shi ya kwana a ruwa, ki shuka ɗai-ɗai a baƙar ledar rainon dashe, kada zurfin ya wuce santimita 2. Sai ya yi mako biyu zuwa uku bai nuna kansa ba, wani lokacin fiye, don haka kada ki zubar da ledojin ki ce iri ya mutu. Bayan kamar wata uku sai ki dasa. Lokacin da nawa ke wannan matakin, surukata kullum in ta zo wucewa sai ta tsaya ta ce, "Wai wannan ciyawar kike wa ban ruwa?" Ranar da na fara yanka da sassafe, raɓa na jikinsa, kansa a tsuke, na karya guda ya ce ƙas, na soya mata da ƙwai da albasa. Ta cinye ta ce a ƙaro. Yanzu ita ke riga ni zuwa dubawa bayan sallar asuba. Wannan zaƙin ba a samunsa a wanda ake sayarwa a manyan kantuna, domin da zarar an yanke shi zaƙinsa yake fara gudu.

In kina da zaɓi, ki nemi irin da ake kira UC 157. Jami'ar Kalifoniya ce ta fitar da shi, kuma ya fi jure zafi, kansa ba ya saurin buɗewa. Mary Washington tsohon iri ne, ya fi arha, zai yi in babu wancan.

Wurin dashen ne zai raba ki da masu cewa ba ya yi a ƙasarmu. Abin da ya fi kashe shi kwanciyar ruwa. Ruwan Agusta in ya zauna a gindinsa, saiwar ruɓewa take. Ki zaɓi inda rana ke bugawa sosai, ƙasa mai yashi-yashi, ki ɗaga kunya, ki zuba ruɓaɓɓen kashin shanu ba ɗanye ba. Ramin ya kai santimita 15 zuwa 20, tsakanin tushe da tushe santimita 30 zuwa 45. Kuma ki zaɓi wurin da ba a shirin yin gini a kai, don a ƙasashen sanyi fangali ɗaya kan kai shekara 15 ana ci. A zafi irin namu bai cika daɗewa haka ba, amma dai shekaru ne. Ciyawa da hannu ake cire ta, fartanya in ta nutse saiwa take sara.

Shekarar farko kada ki taɓa ko guda, komai kwaɗayi. Wannan ganyen mai laushi da ke tashi shi ke tara wa saiwa abinci. A Turai sanyi ne ke sa shi hutu. Mu ba mu da irin wannan sanyin, sai mu yi dabarar manoman Peru, waɗanda ke noma shi a hamadar bakin teku suna sayar wa duniya: a janye masa ruwa. Da hunturu nakan daina ban ruwa kamar wata guda, ganye ya yi ɗorawa, in sare shi daga ƙasa, in zuba taki, in sake sakin ruwa. Nan toho ke fitowa. Ki yanka in ya kai santimita 15 zuwa 20. Da kin ga masu fitowa sun fara sirancewa ba su kai kaurin fensir ba, ki ɗaga hannu ki bar su su yi ganye. Ke da ke Kano, zafin Maris da Afrilu zai riƙa buɗe miki kansa da wuri, sai ki rufe gindin da busasshiyar ciyawa ki riƙa yanka da safe.

Ba ki tambaya ba, amma ki yi hattara da masu sayarwa. Wasu masu furanni na bakin titi za su miƙo miki na ado a tukunya, su rantse shi ne na ci. Dangi ne, amma ba a cin sa. Haka masu ƙulla iri a farar leda babu suna babu kwanan wata, da masu cewa wata uku kin fara girbi. Kafin ki sayi da yawa, ki ɗauki ƙwaya goma ki naɗe a jiƙaƙƙen tsumma ki ga nawa za su tsaga. Kuma shi asfaragas akwai namiji akwai mace, in macen ta yi jajayen 'ya'ya, ki hana yara sa su a baki, suna ɓata ciki.

Ki shuka leda arba'in, ki zaɓi talatin mafi ƙarfi ki dasa a farkon damina.